Makin ɗan takara, nasa ne ko na danginsa?

Idan gwamnati ta ware wa wata al'umma da aka daɗe ana dannewa kaso na musamman a cikin guraben aikinta, sannan wani ɗan wannan al'umma ya shiga jarrabawar ɗaukar ma'aikata ya ci makin da ya zarce na ƴaƴan gata, a wane jeri ya dace a rubuta sunansa? A cikin kason da aka keɓe wa danginsa, ko kuwa a cikin guraben da aka bar wa kowa da kowa? Wanda ya ji tambayar karon farko zai ɗauka aikin magatakarda ne, abin da za a warware da alƙalami kafin shayi ya huce. Amma kotunan ƙasar Indiya sun fi shekara 30 suna komawa kanta, kuma a kowane zama akwai dubban matasa a bakin ƙofa suna jiran a faɗa musu ko sun sami abin yi ko sun rasa.

Domin a fahimci nauyin tambayar, sai an san inda ta samo asali. Al'ummar Indiya ta gaji wani tsari na rarraba mutane bisa haihuwa, wanda suke kira jati. Mai karatu da ya san sana'o'in gado na ƙasar Hausa, irin su ƙira da fawa da wanzanci, zai iya hango inuwar abin, amma inuwa ce kawai, domin a can akwai rukunonin da aka ɗauka taɓa su ma ƙazanta ne, aka hana su rijiyar gari da wurin ibada da zama cikin ƴan makaranta. Su ne ake kira Dalit a yau. Dokta B. R. Ambedkar, wanda ya jagoranci kwamitin rubuta kundin tsarin mulkin ƙasar, daga cikinsu ya fito, kuma ya ba da labarin yadda a ƙuruciyarsa ba a yarda ya ɗebi ruwa da hannunsa a makaranta ba, sai dai wani ya tsiyaya masa daga sama. Kundin da ya fara aiki ranar 26 ga Janairu 1950 ya haramta wannan wariya a ayarsa ta 17. Aya ta 16 kuma ta zo da magana biyu a jere: ta ce ƴan ƙasa duka daidai suke wajen neman aikin gwamnati, sannan ta ba hukuma izinin keɓe gurabe ga rukunonin da aka bari a baya waɗanda ba su da isasshen wakilci a ma'aikatu. Duk shari'o'in da suka biyo baya, a tsakanin waɗannan jimloli biyu suke kai da kawowa.

A ma'aikatun gwamnatin tarayya, Dalit suna da kashi 15 cikin ɗari, ƙabilun asali da ake kira Adivasi suna da kashi 7 da rabi. A watan Agusta na 1990 firaminista V. P. Singh ya zartar da shawarar kwamitin Mandal, ya ƙara kashi 27 ga sauran rukunonin da aka bari a baya, abin da ya jawo tarzomar ɗalibai har wasu suka cinna wa kansu wuta. A 2019 aka sake ware kashi 10 ga matalautan rukunonin da ba su da wani kaso. Abin da ya rage, kashi 40 da rabi, shi ne guraben kowa da kowa, kuma a kan ma'anar wannan "kowa" ake ta fafatawa.

Lissafin ba shi da wuya. A ɗauka, don misali kawai, ana neman ma'aikata 100, an keɓe gurabe 27 ga wani rukuni, sai mutum 10 daga cikin ƴan rukunin suka ci makin da ya isa ya shigar da su jerin kowa da kowa. In an sa su a can, rukunin zai tashi da mutum 37. In kuwa an lissafa su cikin kasonsu, rukunin zai tsaya a 27, mutum 10 na ƙasan jerinsa su koma gida, wasu 10 daga manyan dangi kuma, waɗanda makinsu bai kai na waɗancan haziƙai ba, su shige guraben da haziƙan suka ci da guminsu. Ta wannan hanya ta biyu kason da aka kafa domin ya zama tsani sai ya koma turke: komai gudun doki, iyakar igiyarsa zai kai. Haka kuma guraben da aka ce na kowa ne sun zama keɓaɓɓen kaso na manyan dangi ba tare da wata doka ta faɗi haka ba.

Indiya ta taɓa ɗanɗana irin wannan rabo. A lardin Madras akwai wata doka da ta raba kowace kujera 14 ta kwalejojin likitanci da injiniyanci kamar yadda ake raba gado: 6 ga Hindu waɗanda ba Brahmin ba, 2 ga Hindu da aka bari a baya, 2 ga Brahmin, 2 ga Dalit, 1 ga Musulmi, 1 ga Kirista da barbarar yanyawar Turawa. Babu kujera ko ɗaya da ba ta da mai ita tun kafin a shiga jarrabawa. Kotun Ƙoli ta soke wannan tsari a 1951. Ambedkar kansa, tun a majalisar rubuta kundin a 1948, ya yi gargaɗin cewa dole keɓaɓɓun gurabe su zama ƴan tsiraru, in ba haka ba togaciya za ta cinye ƙa'idar da aka yi mata togaciyar. Da shari'ar Indra Sawhney ta zo gaban alƙalai 9 a watan Nuwamba na 1992, kotun ta amince da kashi 27 na Mandal, ta ce jimillar keɓaɓɓun gurabe kada ta wuce rabi, sannan ta faɗi a sarari cewa wanda ya ci gurbin kowa da kowa da makinsa ba za a cire shi daga kason danginsa ba. Alƙalai 5 sun sake jaddada haka a 1995 a wata shari'a daga jihar Punjab.

Mutum zai yi zaton magana ta ƙare. Tsugune ba ta ƙare ba, domin ofisoshin ɗaukar ma'aikata suna da hanyoyi da yawa na kauce wa hukuncin da ba su so, wani lokaci da gangan, wani lokaci saboda ruɗewar lissafi. Misali mafi bayyana shi ne na matan da suka nemi aikin ɗan sanda a jihar Uttar Pradesh, jihar da ƙidayar 2011 ta ba ta mutum kusan miliyan 200. A 2013 jihar ta buɗe gurabe sama da 41,000, ta kuma ware wa mata kashi 20 cikin ɗari a cikin kowane rukuni. Da aka zo rabo, maza ƴan rukunonin baya da suka ci maki mai yawa an wuce da su jerin kowa da kowa kamar yadda doka ta ce. Mata kuwa aka tsare su a rukuninsu. Sakamakon haka wata mace daga rukunonin baya da ta ci maki 276 da ɗoriya ta rasa aiki, alhali an ɗauki matan manyan dangi har zuwa maki 274 da ɗoriya. Takardar tambaya ɗaya suka amsa, ma'auni ɗaya aka auna su da shi, wadda ta fi maki ta zauna a gida saboda gidan da aka haife ta. A watan Disamba na 2020 Kotun Ƙoli ta ce wannan ba daidai ba ne. Mai shari'a Ravindra Bhat ya bayyana cewa jerin kowa da kowa ba kason wani ba ne, sharaɗin shigarsa ɗaya ne tak, wato cancanta, kuma kulle kowane ɗan takara cikin akwatin danginsa komawa ne ga rabon gado irin wanda aka soke tun 1951.

Bai kamata a yi watsi da kukan ɗaya ɓangaren ba, domin shi ma yana da fuska da suna. Ɗan wani malamin makaranta na manyan dangi, wanda mahaifinsa bai tara komai ba, zai ce: abokin takarata yana da ƙofa biyu, ni ina da ɗaya, in ya ci ya shiga ta tawa, in ya gaza ya shiga ta tasa, ni kuwa ban taɓa hana kowa rijiya ba. Maganarsa ta ƙarshe gaskiya ce, kuma wanda ya yi masa dariya bai san zafin rashin aiki ba. Sai dai kuskurensa yana cikin kalmar "tawa". Ƙofar ba tasa ba ce, ta ƴan ƙasa ce, kuma shi kansa da maki yake neman shigarta. Wanda ya kafa hujjarsa a kan cewa maki shi ne alƙali ba ya da bakin ƙin hukuncin alƙalin ranar da ya faɗa a kan ɗan Dalit. In yana da ƙorafi, to a kan girman kason ne ko a kan wanzuwarsa, kuma wannan muhawara ce ta daban da ake yi a majalisa da kotu. Ba a biyan ta da makin wata yarinya da ta fi shi karatu.

Inda al'amarin ya yi sarƙaƙiya na gaske shi ne batun sassauci. Ban da keɓe gurabe, hukuma tana rage wa ƴan waɗannan rukunoni wasu sharuɗɗa. A jarrabawar manyan ma'aikatan tarayya, alal misali, ɗan takarar da ba ya da kaso yana da damar zama sau 6 har zuwa shekara 32. Ɗan rukunonin baya sau 9 har zuwa 35. Dalit da Adivasi kuwa ba a ƙayyade musu yawan zama ba har zuwa 37. To wanda ya shigo ta wannan sassauci, sannan ya ci makin da ya fi na kowa, shin cancantarsa tsarkakakkiya ce? A 2010, a wata shari'ar ɗaukar ƴan sanda, Kotun Ƙoli ta ce rangwamen shekaru da na kuɗin rajista kawo mutum bakin fili kawai suke yi, ba sa ƙara masa maki ko ɗaya, don haka ba sa hana shi gurbin kowa da kowa. A 2017 kuma kotun ta hana wata mai neman aiki irin wannan gurbi, domin ƙa'idar gwamnatin tarayya, wadda wata takardar umarni ta 1998 ta fayyace, ta ce wanda ya amfana da sassauci a cikin kasonsa za a lissafa shi. Hukunce-hukuncen biyu ba su ci karo da juna a idon lauya ba: kowanne ya bi abin da dokar ma'aikatar ta tanada. A idon mai neman gaskiya kuwa akwai abin damuwa, tun da mutum ɗaya da maki ɗaya zai zama haziƙi a wannan ma'aikata, ya zama ɗan alfarma a waccan.

A nan ya kamata a rarrabe. Yafe kuɗin rajista ba ya taɓa gasar ko kaɗan, kuma hana mutum gurbin da ya ci saboda bai biya kuɗin takarda ba hukunta talauci ne. Shekaru da yawan zama kuwa suna da ɗan nauyi, domin wanda ya zauna karo na takwas ya san hanyar jarrabawar fiye da wanda aka tsayar a na shida, kuma akwai wani mai shekara 33 da aka rufe wa ƙofa wanda da an bar shi wataƙila da ya fi su duka. Duk da haka, dalilin da ya sa aka ƙara wa ɗan ƙauyen Adivasi shekaru shi ne ya makara wajen shiga makaranta, ya yi karatu yana noma, ba shi da kuɗin makarantun share fagen jarrabawa da ƴaƴan birni ke cika. Ƙarin shekarun biyan wannan makara ne, kuma mai duba takarda bai san shekarun mai ita ba lokacin da yake ba da maki. Ma'auni ya fi karkata ga hukuncin 2010. Abin da ba ya karɓar jayayya kuwa shi ne a faɗi ƙa'idar tun kafin a shiga ɗakin jarrabawa. Alƙalai 5 na Kotun Ƙoli sun tabbatar a watan Nuwamba na 2024 cewa ba a sauya sharuɗɗan ɗaukar aiki bayan an soma, sai in dokar da ake bi ta ba da izini.

Akwai ma wani abin mamaki da ya taso a jarrabawar manyan ma'aikata, inda ake raba ma'aikatu bisa matsayin mutum a jeri. Ɗan rukunonin baya da ya shiga jerin kowa da kowa a can ƙasa yana iya samun ma'aikatar da ba ta kai wadda ɗan'uwansa mai ƙarancin maki ya samu ta hanyar kaso ba, wato ƙoƙarinsa ya zame masa asara. A 2010 alƙalai 5 suka amince ya zaɓi ma'aikatar da kason zai ba shi, a lissafa shi a can.

Sai dai masu goyon bayan kaso su ma akwai tambayar da ke jiran su. Mai shari'a D. Y. Chandrachud ya rubuta a 2019, ya kuma maimaita a 2022, cewa makin jarrabawa ba shi ne dukan cancanta ba, domin yana ɗauke da gatan gida: littattafan da yaro ya tarar, harshen da ake yi a gidansu, natsuwar wanda bai taɓa kwana da yunwa ba. Duk malamin da ya koyar a aji biyu, na birni da na karkara, ya san wannan ba sai an karanta masa hukuncin kotu ba. To amma in haka ne tsakanin Brahmin da Dalit, haka ne kuma tsakanin ɗan babban jami'i Dalit da ɗan mai kwashe shara Dalit, waɗanda ake jera su bisa maki a cikin kaso ɗaya. Tun 1992 kotu ta ce a cire daga kason rukunonin baya waɗanda suka riga suka taso sama kamar mai a kan nono, kuma a 2017 aka sa iyakar kuɗin shigar iyali a rupi 800,000 a shekara. Kwamitin mai shari'a Rohini, da aka kafa a 2017, ya gano cewa kusan kashi 97 cikin ɗari na ayyuka da guraben karatun wannan kaso a matakin tarayya sun tafi ga kimanin rubu'in al'ummomin da ke cikinsa, yayin da kusan al'ummomi 1000 ba su sami komai ba. Ranar 1 ga Agusta 2024 alƙalai 6 cikin 7 suka ba jihohi izinin rarraba kason Dalit kansa domin na can ƙasa su samu, bisa ƙarar da ta taso daga Punjab inda aka ba al'ummomin Balmiki da Mazhabi Sikh fifiko a rabin kason. Wasu ƙungiyoyin Dalit sun yi zanga-zangar ƙin hukuncin, suna tsoron a raba kansu, kuma tsoron yana da tushe a siyasa. Amma hujjar da suka yi shekaru suna kafawa a kan manyan dangi ita ce ta juyo ta ƙwanƙwasa ƙofarsu, kuma ba a karɓar hujja a waje a ƙi ta a cikin gida.

Mai karatu a Nijar ba baƙo ba ne ga ƙashin wannan magana, ko da yake dokar kaso ta shekarar 2000 ta shafi kujerun zaɓe da naɗin manyan muƙamai ne, ba jarrabawar shiga aikin gwamnati ba. Dokar ta tanadi kashi 10 cikin ɗari na zaɓaɓɓu da 25 na naɗaɗɗu ga kowane jinsi, aka ɗaga su zuwa 25 da 30 a 2019. Mafi ƙarancin abin da za a bayar ke nan, amma sanannen abu ne yadda masu rabo kan karanta "aƙalla" su aikata "iyaka".

Sauran abin da ba a cika tattaunawa ba shi ne wanda ke biyan kuɗin kuskure. Jihar Uttar Pradesh ta shirya jarrabawar ɗaukar malaman firamare 69,000 a watan Janairu na 2019, da makin wucewa 65 cikin ɗari ga masu neman guraben kowa da kowa, 60 ga masu kaso. Dokar jihar ta 1994 ta faɗi ƙarara cewa wanda ya ci da cancantarsa ba a lissafa shi cikin kaso. Duk da haka, bayan fitar jerin sunaye a watan Yuni na 2020, ƴan rukunonin baya suka kai ƙara cewa an cusa haziƙansu cikin kason, an hana dubbai aiki. A watan Janairu na 2022 gwamnatin jihar ta fitar da ƙarin sunaye 6,800, abin da ya nuna ita ma ta ga gyara a lissafinta. A watan Agusta na 2024 Babbar Kotun Allahabad ta soke jerin, ta ba da wata uku a sake shi, tare da cewa malamin da sabon jerin ya ture a bar shi ya kammala shekarar karatu saboda yara. A watan Satumba na 2024 Kotun Ƙoli ta dakatar da wannan umarni domin ta saurari kowa.

Ga mutum biyu ke nan, babu mai laifi a cikinsu. Ɗaya ya yi shekara 4 yana koyarwa da takardar ɗaukar aiki da hukuma ta sa wa hannu, ya yi aure, ya ci bashi a kan albashinsa. Ɗayan yana riƙe da makin da doka ta ce ya isa, yana zaune a gidan iyayensa. Haƙƙin na biyu ya riga, domin gurbin nasa ne tun farko, kuma daɗewar kuskure ba ta mayar da shi daidai. Amma korar na farko ɗora wa talaka bashin ofishi ne, alhali waɗanda suka tsara jerin ba albashinsu ake magana a kai ba. A shari'ar matan ƴan sanda ta 2020 kotu ta sami mafita: ta ba da umarni a ɗauki waɗanda aka zalunta ba tare da an taɓa waɗanda suka riga suka shiga aiki ba. Wannan shi ya fi kusa da adalci, kuma jihar da ta yi kuskuren ita ya kamata ta nemo kuɗin ƙarin guraben, ko da yawansu ya kai dubbai. Wanda ya zauna jarrabawar malaman yana da shekara 30, ranar da aka dakatar da hukuncin Allahabad ya riga ya haura 35.